Mace-macen 'Yan Wasa a Shirin Squid Game

Squid Game fim ne mai dogon zango daga Koriya ta Kudu. Hwang Dong-hyuk ne ya rubuta labarin ya kuma ba da umarni, kamfanin Netflix ya fara haska shi ranar 17 ga Satumba, 2021. Zango na biyu ya fito ranar 26 ga Disamba, 2024, na uku kuma, wanda ya rufe labarin, ranar 27 ga Yuni, 2025. A labarin, ana kwasar mutum 456 waɗanda bashi ya yi wa katutu, a kai su wani tsibiri, a sa su wasannin yara. Wanda ya faɗi, a kashe shi. Kowane rai da ya salwanta ana zuba won (kuɗin Koriya ta Kudu) miliyan 100 a wani ƙaton asusun gilashi mai siffar alade da ke rataye a ɗakin kwanansu, har kuɗin su kai won biliyan 45.6. Saboda haka mutuwa ce ke tafiyar da labarin daga farko har ƙarshe, kuma yanayinta yana sauyawa: da farko bindigar masu gadi ce ke kisa, daga baya 'yan wasan ne ke kashe junansu, har ta kai ana mutuwa a hannun aboki ko uwa.

Zango na farko a ƙidaye

Wasan farko shi ne wanda wata ƙatuwar 'yar tsana ke juya baya tana waƙa, 'yan wasa na gudu, idan ta waiwayo duk wanda ya motsa a harbe shi. Ba a gaya musu cewa faɗuwa mutuwa ce ba. Da aka harbe na farko sai jama'a suka firgita suka ruga wajen ƙofa, wannan gudun ne ya jawo mafi yawan asarar. Mutum 255 suka mutu, 201 suka tsira. Waɗannan suka kaɗa ƙuri'a, 101 suka ce a tsaya, 100 suka ce a ci gaba, aka mayar da kowa gida. Ba a daɗe ba 187 suka koma da ƙafarsu, domin abin da suka tarar a waje bai fi na ciki sauƙi ba.

A wasa na biyu, na ɓanɓare siffa daga alewar dalgona da allura ba tare da ta karye ba, mutum 79 suka tafi. Daga nan ɗan daba Jang Deok-su, mai lamba 101, ya doke wani har lahira a rigimar abinci, aka ga masu gadi ba su hana ba, asusun ma ƙaruwa ya yi. Kowa ya gane karatun. A daren aka kashe fitila, aka yi ta sara da duka, mutum 27 suka mutu ba a cikin wani wasa ba. Saura 80 suka shiga jan igiya a saman wani dogon dandamali, rabinsu suka rikito ƙasa. Mutum 16 ne suka isa gadar gilashi, uku suka haye.

Gawawwakin ana saka su a baƙaƙen akwatuna masu ɗaurin ƙyalle ruwan hoda, irin na kyauta, a kai su murhun ƙonawa. Wasu daga cikin masu gadin suna karkatar da akwatunan waɗanda ba su gama cikawa ba su cire sassan jikinsu su sayar. Likitan da ke yi musu fiɗar ɗan wasa ne mai lamba 111, ladansa shi ne a tsegunta masa wasan da ke tafe. Da asiri ya tonu aka kashe shi da abokan cin mushensa, aka rataye gawarsu kowa ya gani. Laifinsu a wurin jagoran wasan ba sayar da sassan mutane ba ne, a cewarsa sun ɓata adalcin da ke tsakanin 'yan wasa ne.

Kashi na shida

Mace-macen da aka fi tunawa da su suna kashi na shida, mai suna Gganbu. An ce kowa ya zaɓi abokin wasa. Da yake wasan da ya gabata na haɗin gwiwa ne, kowa ya kama hannun wanda ya fi yarda da shi. Sai bayan an raba musu ƙananan ƙwallayen gilashi goma-goma aka ce duk wanda ya cinye na abokinsa shi ne zai rayu, an ba su minti talatin.

Ali Abdul, mai lamba 199, ɗan ci-rani ne daga Pakistan, Anupam Tripathi ne ya fito a matsayinsa. Ya rasa yatsu a masana'anta, ubangidansa ya danne masa albashin watanni, ga mata da jariri. Shi ne ya cafko rigar Seong Gi-hun, jarumin shirin mai lamba 456, a wasan farko lokacin da ya yi tuntuɓe zai faɗi. Abokin wasan Ali shi ne Cho Sang-woo, mai lamba 218, wanda ya taɓa ba shi kuɗin mota, ya kuma ce ya riƙa kiransa yaya. Ali ya kusa cinye wasan. Sai Sang-woo ya lallashe shi cewa akwai dabarar da za su tsira su biyu, ya karɓi jakar ƙwallayen wai zai ɗaura masa ita a wuya don kada a fizge, ya juye su ya cika ta da tsakuwa. Ali ya zaga lungunan filin yana yin aikin da aka sa shi, lokaci na ƙurewa yana kiran yayan nasa, ya buɗe jakar ya ga tsakuwa. Kyamara ta bi Sang-woo yana fita, ƙarar bindiga ta tashi a bayansa, ya ɗan zabura bai waiwaya ba.

A wani lungun, Kang Sae-byeok mai lamba 067, wadda ta tsero daga Koriya ta Arewa ta bar ƙanenta a gidan marayu, ta haɗu da Ji-yeong mai lamba 240. Maimakon wasa sai suka zauna hira har lokaci ya kusa cika. Ji-yeong ba ta daɗe da fitowa daga kurkuku ba, bayan ta kashe mahaifinta wanda ya kashe mahaifiyarta. Suka yanke shawarar jifa ɗaya: wadda ƙwallonta ya fi kusa da bango ta ci. Sae-byeok ta jefa. Ji-yeong ta saki nata a gaban ƙafarta, ta ce ta duba ba ta ga abin da za ta fita ta yi a waje ba. Lee Yoo-mi, wadda ta taka wannan rawar ta ɗan lokaci kaɗan, ta samu Emmy, lambar yabon shirye-shiryen talabijin ta Amurka, a 2022 saboda ita.

Shi kuwa Gi-hun, tsoho Oh Il-nam mai lamba 001 ya ɗauka don tausayi. Da ya ga zai sha kaye, sai ya riƙa amfani da ruɗewar tsohon yana yi masa ƙarya. A ƙarshe tsohon ya nuna masa yana sane da komai, ya miƙa masa ƙwallonsa na ƙarshe. An ji harbi, ba a nuna gawa ba, kuma akwai dalili. Wani mutum mai lamba 069 da matarsa ya yi wasan, ya ci, daga baya ya rataye kansa a ɗakin kwana.

Gadar gilashi da ƙarshen zangon

A gadar, kowane taki gilashi biyu ne, ɗaya mai ɗaukar nauyi ɗaya mai fashewa. A nan Han Mi-nyeo, mai lamba 212, ta rungume Deok-su, wanda ya yi lalata da ita ya kuma yasar da ita, ta faɗa ƙasa da shi. Wani tsohon ma'aikacin kamfanin gilashi yana iya bambance su ta hasken da ke jikinsu, sai jagoran wasan ya rage fitila. Da mutumin ya tsaya yana shakka lokaci na tafiya, Sang-woo ya hankaɗa shi.

Da aka tarwatsa gadar, tsinin gilashi ya soki Sae-byeok a ciki. Ta ɓoye raunin, ta roƙi Gi-hun ya kula da ƙanenta. Yana can yana buga ƙofa a kawo mata ɗauki, Sang-woo ya yanka ta da wuƙar da aka bar musu bayan liyafa. A wasan ƙarshe, cikin ruwan sama, Gi-hun ya kayar da Sang-woo, amma ya ƙi ƙarasawa, ya nemi su haƙura da kuɗin su tafi gida. Sang-woo, abokinsa na ƙuruciya a unguwar Ssangmun-dong, wanda ya yi karatu a Jami'ar Ƙasa ta Seoul ya zama abin alfaharin unguwa kafin ya cinye dukiyar mutane a kasuwar hannun jari, ya caka wa kansa wuƙa a wuya yana ambaton mahaifiyarsa.

Mace-mace biyu na ƙarshe a wajen tsibirin suka faru. Gi-hun ya koma gida da kuɗi ya tarar da mahaifiyarsa, mai ciwon sukari, kwance a ƙasa ta rasu. Neman kuɗin aikinta na asibiti ne ya mayar da shi wasan. Bayan shekara guda ya gano Il-nam yana raye, kuma shi ne attajirin da ya ƙirƙiro wasan. Tsohon ya cika a kan gadonsa, a saman wani dogon bene, suna cikin caca da Gi-hun a kan ko za a samu mai taimakon wani mutum da ke kwance a titi cikin sanyi kafin sha biyun dare.

Zango na biyu

Wannan zangon ya fara kisa tun kafin a je tsibiri. Mutumin da ke farautar sababbin 'yan wasa a tashoshin jirgin ƙasa, wanda Gong Yoo ya fito a matsayinsa, ya mutu a kashi na farko a cacar harsashi da Gi-hun. Da Gi-hun ya koma wasan yana yi wa mutane ihu kada su motsa, waɗanda suka mutu a gaban 'yar tsanar 91 ne kawai. An kuma canza doka: bayan kowane wasa za a yi ƙuri'a, idan an tsaya a raba abin da ya taru. Wannan ya raba ɗakin gida biyu, kuma kowace gawa ta zama ƙarin rabo da ragin ƙuri'ar abokan hamayya.

A faɗan banɗaki, Myung-gi mai lamba 333 ya soke mawaƙi Thanos mai lamba 230 da cokali mai yatsu a wuya. Nam-gyu, abokin Thanos, ya kashe wata 'yar wasa, Se-mi, a tarzomar dare. Tawayen da Gi-hun ya jagoranta ya watse, jagoran wasan, Hwang In-ho, wanda ya saje da su da lamba 001, ya mayar da baƙin abin rufe fuskarsa ya harbe Jung-bae, aminin Gi-hun, a gaban idonsa.

Zango na uku

A nan aka cire duk wani lulluɓi. A wasan ɓuya an raba wa rabin 'yan wasa wuƙaƙe, an ce wanda bai kashe kowa ba shi za a kashe. Gi-hun da kansa ya shaƙe wani ɗan wasa, Dae-ho, wanda yake ɗora wa laifin rushewar tawayen. Jun-hee mai lamba 222 ta haihu a tsakiyar wasan. Hyun-ju, tsohuwar sojar da ke kare ta, ta gano ƙofar fita, ta dawo ta kira su, Myung-gi ya soke ta ta baya, alhali shi ne uban jaririyar. Mafi nauyi shi ne na tsohuwa Geum-ja mai lamba 149. Ta shiga wasan ne don ta biya bashin cacar ɗanta Yong-sik. Da lokaci ya ƙure masa ya nufi mai jegon da wuƙa, uwar ta zare tsinken gashinta mai kaifi ta soke shi, masu gadi suka ƙarasa shi. Ta roƙi Gi-hun ya kula da Jun-hee da 'yarta, a daren ta rataye kanta.

A tsallen igiya, Jun-hee ba ta iya hayewa ba saboda raunin idon sawu, ta faɗa ƙasa da kanta bayan Gi-hun ya tsallakar da jaririyar. Attajiran da ke kallo suna caca a kan 'yan wasa kamar dawakin tsere suka sa aka ba jaririyar lambar uwarta, ta zama 'yar wasa. Daren ƙarshe In-ho ya ba Gi-hun wuƙa ya yanka sauran suna barci, yadda shi ya yi ya ci wasan a 2015. Gi-hun ya ƙi.

Wasan ƙarshe a saman hasumiyoyi uku aka yi shi, a kowace dole a tura aƙalla mutum ɗaya ƙasa bayan an danna maɓallin fara zagaye. A ta uku Myung-gi ya faɗi suna kokawa da Gi-hun, amma ba a danna maɓallin ba tukuna, don haka mutuwarsa ba ta shiga lissafi ba. Saura Gi-hun da jaririya. Ya danna maɓallin, ya ajiye ta, ya ce su ba dawakai ba ne, mutane ne, ya saki jiki ta baya bai ƙarasa maganar ba. Jaririyar ce ta ci. Ban da ita, Gyeong-seok mai lamba 246 ya fita da rai, saboda wata mai gadi, No-eul, ta fitar da shi a ɓoye.

Yadda aka karɓi mace-macen

Zango na farko ya yi nasara ne saboda an bar mai kallo ya zauna da Ali da Sae-byeok tsawon kashi biyar ko fiye kafin a ɗauke su. A na uku mace-macen sun yi cunkoso, wasu jaruman an kashe su cikin gaggawa, kuma masu kallo sun rabu a kan ƙarshen Gi-hun: wasu na ganin ita ce kaɗai hanyar da ta dace da halinsa, wasu na ganin ya mutu ba tare da ya rusa komai ba. Suna da hujja, domin an tarwatsa tsibirin amma In-ho ya tsira, kuma fitowar ƙarshe ta nuna wata mata, Cate Blanchett, tana farautar sababbin 'yan wasa a wani lungu a Los Angeles. Hwang Dong-hyuk ya faɗa a hirarraki cewa da farko ya yi tunanin barin Gi-hun da rai, daga baya ya canza.

Ba duk mace-macen shirin ba ne ƙagagge tsantsa. Gi-hun yakan tuno wani abokin aikinsa da ya mutu lokacin da 'yan sanda suka far wa masu yajin aiki a kamfanin motocin da ya kore su. Marubucin ya ɗauko wannan ne daga yajin aikin kamfanin Ssangyong na 2009 a garin Pyeongtaek, inda ma'aikata suka mamaye masana'anta kwana 77 kafin a fatattake su. A shekarun da suka biyo baya, da dama daga cikin korarrun ma'aikatan da iyalansu sun mutu, wasu ta hanyar kashe kansu.