Doki a zamanin da: tambayoyin da na gaji da amsawa

Duk shekara da an gama hawan sallah sai tambayoyin nan su dawo, iri ɗaya, kamar ba a taɓa amsa su ba. To ga su nan na tara wuri guda. Zamanin da nake nufi shi ne daga wajen shekara ta 1000 zuwa 1600, a ƙasar Hausa da Borno da Mali da Songhai.

Wai Turawa ne suka kawo mana doki?

A'a. Tun a 1068 Al-Bakri, wani marubuci Balarabe na Andalus, ya rubuta cewa idan sarkin tsohuwar daular Ghana ya zauna fada, dawakai goma ne ke tsaye kewaye da rumfarsa da kayan ado na zinariya. Wane Bature ne a nan a lokacin? Don Allah a daina wannan tambayar.

To kenan manyan dawakan da muke gani a hawa su ne na asali?

Ba su ba ne. Na farkon ƙanana ne, irin wanda muke ce wa kuru, ana hawansu ba sirdi ba likkafa. Manyan daga baya suka shigo ta hamada, tare da sirdi da likkafa, wajen ƙarni na 13 zuwa na 14, kuma daga nan ne yaƙi ya canza kama.

Ana noma da doki?

A'a. A Turai ne suka ɗaura masa garma. Mu fartanya ce, kaya kuma na jaki ne da takarkari da raƙumi.

Me likkafa ta ƙara da har ake ta zancenta?

Hau doki ba likkafa ka riƙe mashi ka soki abu da ƙarfi, ka ga inda za ka tsinci kanka. Likkafa da sirdi mai tudu gaba da baya su ke riƙe mahayi ya tsaya daram, sannan doki mai girma shi ke iya ɗaukar mutum da sulkensa. Kundin tarihin Kano ya ce Sarki Kanajeji, wanda ya yi mulki 1390 zuwa 1410, shi ya fara kawo lifidi da kwalkwali da sulke. Lifidin nan da yara ke gani a hawa suna cewa bargo ne, ba bargo ba ne, rigar yaƙi ce ta doki, yadi ne ake cusa wa auduga a ɗinke shi da kauri yadda kibiya za ta maƙale a ciki ba ta kai ga fata ba. Yana da nauyi, ga zafi, dokin lifidi ba na doguwar sukuwa ba ne, aikinsa ya tunkari maharba ya fasa sahu na baya su shiga. Kuma auduga ce, idan aka harbo kibiya mai wuta an shiga uku.

Nawa ne kuɗin doki a lokacin, a kuɗin yanzu?

Wannan ita ce tambayar da ba ta amsuwa da kalma ɗaya, kuma duk wanda ya ba ka lamba a naira kai tsaye ya yaudare ka. Ya danganta da wane doki, a ina, a wace shekara. Kurun da aka haifa a ƙauye daban, ingarman da ya ƙetaro hamada daban, tsakaninsu kamar sama da ƙasa. Ibn Battuta, matafiyin nan ɗan Maroko, da ya zo Mali a 1352 ya ce dawaki na da tsada ƙwarai a can, guda yana kai miskali 100 na zinariya. Miskali ɗaya ya ɗan haura giram huɗu, kenan kusan rabin kilo na zinariya ake magana, amma kar ka yi saurin ɗaukar waya ka lissafa da farashin gwal na yau, domin Mali ƙasar zinariya ce a lokacin, darajarta a can ba ɗaya ba ce da darajarta a Masar balle a kasuwar yau.

Sannan ga abin da mutane ba sa son ji, galibi ba da zinariya ake biya ba, da mutane ake biya. Hasan al-Wazzan, wanda Turawa ke kira Leo Africanus, a farkon ƙarni na 16 ya ce sarkin Borno yana sayen doki ɗaya daga fataken arewacin Afirka da bayi 15 ko 20, kuma fataken sai su zauna su jira shi ya je hari da dawakan ya dawo sannan ya biya su, wani lokaci jiran ya kai shekara. A can bakin teku wajen Senegal, a 1455, wani falke Bature mai suna Cadamosto ya ga ana ba da bayi wajen goma ko fiye a kan doki guda. A gidanmu ma haka, kundin Kano ɗin nan dai ya ce Kanajeji yana aika wa Kwararrafa dawakai su kuma suna aiko masa da bayi. Ka lura da yadda abin ke juyawa, da doki ake kamo mutum, da mutum ake sayen doki, sabon dokin ya sake fita kamo wasu. Waɗannan lambobin ma na baƙi ne masu wucewa, kowa abin da ya gani a kasuwar da ya sauka ya faɗa, idan dawakai sun yi yawa farashi ya faɗi, idan ana shirin yaƙi ya tashi. Kuma saye ma shi ne mai sauƙin, riƙon ne aiki. Dokin yaƙi ba a sakinsa kiwo kamar saniya, a turke yake, kullum sai an yanko masa ciyawa, a ba shi dawa, a ajiye masa harawa ta rani, ga dusa ga kanwa, ga mai share barga ga mai wanke shi ga mai fita da shi kilisa. Dawar da zai ci ta ciyar da mutane. Shi ya sa idan aka tambaye ni kuɗinsa nake cewa a fara ƙirga mutum nawa ke wahala a kansa kafin a zo maganar miskali.

Talaka yana iya mallaka?

Linzami ya fi ƙarfin bakin kaza. Yawanci sarki ko hakimi ke ba bawansa ko baransa doki, ranar yaƙi kuma ya fito da shi.

Me ya sa ba su yi ta kudu har teku ba tunda suna da dawakai?

Tsando. Ƙudan nan yana sa wa doki sammore, ya rame ya mutu, kuma a kurmi ba filin sukuwa. Ko daular Oyo ta Yarbawa da ta yi ƙarfi da dawakai daga baya, daga arewa take sayowa kullum domin ba sa daɗewa a can. Damina ma ba a cika fita yaƙi ba, ga taɓo ga ƙudaje ga rafuka sun cika, sai kaka ta wuce ƙasa ta bushe.

Da gaske sarautu da yawa daga doki suka samo suna?

Kai ma ka faɗe su a hankali ka ji. Madawaki ko Madaki, Ubandawaki, Sarkin Dawaki, Lifidi, Sarkin Zagi, ga Shamaki mai kula da bargar sarki. Ga garuruwa, Dawakin Kudu, Dawakin Tofa. Dawakan zage, wato waɗanda zagi mai tafiya a ƙasa ke ja ba kowa a kai a gaban sarki, waɗanda kundin Kano ya jingina farkonsu ga Muhammadu Rumfa, 1463 zuwa 1499, ba don kyau kawai aka yi su ba, idan na ƙarƙashin sarki ya gaji ko aka soke shi a fagen fama sai ya sauya. Abin yana min ciwo in ga saurayi ya ci ado ya hau, ya iya jafi, amma ka tambaye shi mene ne zagi ya tsaya yana kallonka. Ba laifinsa ba ne shi kaɗai, ba a gaya masa ba ne, kuma ba a makara ba, dattawan barga suna nan da ransu, a je a zauna da su.

Dawakai nawa sarki ɗaya ke da su?

Al-Umari, wani marubuci Balarabe, ya ce rundunar Mali a ƙarni na 14 mutum 100,000 ce, 10,000 daga ciki mahaya. Ko ka rage lambar, ka dai ga ɗaya cikin goma ne ke kan doki, sauran dakaru ne a ƙasa da baka da kwari.

Bindiga ce ta kashe zamanin doki?

Ba nan take ba. A Tondibi a 1591 sojojin Maroko ƙarƙashin Judar Pasha, su kaɗan da bindigogi, sun tarwatsa mahayan Askiya Ishaƙ na biyu, daular Songhai ta faɗi. Amma a ƙasar Hausa da Borno doki ya ci gaba da riƙe fagen yaƙi shekara ɗari uku bayan nan, domin bindigar lokacin kafin ka ɗura ta mahayi ya iso kanka. Sai a 1903, da Ingilishi suka zo Kano da Sakkwato da bindiga mai ruwa, wadda ke ɓarin harsashi ba tsayawa, sannan barade suka tarar da abin da sukuwa ba ta iya cimma.