Me ya sa dashen fayin ke kamawa a Jos amma ya ƙone a Daura?

Wani malamin makarantar sakandare a Daura ya zo mini da dashe guda a hannu, ya bushe ƙayau, ganyensa ya yi ja kamar an babbaka. Ya ce daga Jos ya sayo su cikin leda, ya jera su a gefen filin makaranta, yara na ba su ruwa safe da yamma, amma ko ɗaya bai ga ƙarshen bazara ba. Muka zauna gindin bedi muka daɗe muna magana. Tambayoyinsa ne na tattara a nan, haɗe da waɗanda masu renon dashe a Katsina suka saba yi mini.

Tambaya: Shi fayin ɗin nan wane irin itace ne?

Amsa: Yana cikin dangin itatuwa masu ganyen allura, waɗanda ba sa fure irin na mangwaro ko tsamiya. Irinsu na zama ne cikin wani ƙundu mai ɓawo hawa-hawa, in ya bushe sai ya buɗe, iska ta kwashi irin. Su ne suka cika manyan dazuzzukan Rasha da Kanada da arewacin Turai, kuma daga gare su ake samun katako mai laushi da ɓargon yin takarda. Wanda aka fi shukawa a Najeriya ba na ƙasar ƙanƙara ba ne. Masana na kiransa Pinus caribaea, asalinsa Amurka ta Tsakiya da tsibiran Karebiyan, wuraren da ke da zafi amma ruwa ya wadata. An yi gandunsa a Afaka kusa da Kaduna, da tsaunukan Jos, da Mambila.

Tambaya: Ba mu taɓa barinsu da ƙishirwa ba. To me ya kashe su?

Amsa: Malam, na karɓi dashen nan da ka kawo, kuma saiwarsa na fara dubawa kafin ganye. Uwar saiwar ta kai ƙasan leda ta rasa hanya, ta naɗe kamar gammo, kuma haka aka sa ta a rami. Saiwar da ta naɗe ba ta miƙewa daga baya. Itacen zai yi ta shan ruwan da ke tafin hannu guda na ƙasa, wanda a jigawar Daura ba ya kai azahar.

Sai na duba wuyansa, daidai inda kara ya haɗu da ƙasa. Akwai wani zobe baƙi a wurin, ɓawon ya shige ciki. Wannan aikin zafin rairayi ne. A watan Afrilu, lokacin da iska ke kai digiri 40, fuskar rairayin da babu inuwa tana wuce digiri 50, kuma wannan ya isa ya dafa siririn ɓawon ƙaramin dashe. Da zarar zoben ya zagaye, abincin da ganye ke haɗawa ba ya sauka zuwa saiwa. Ko tulu goma ka zuba, ba abin da zai canja.

Na uku shi ne wanda ya fi ba ka mamaki: tokar da ka ce yara sun zuba a gindinsu don korar gara. Fayin na son ƙasa mai ɗan tsami. Toka kuwa tana kashe tsamin ƙasa, haka ma ruwan rijiya mai kanwa-kanwa idan aka daɗe ana ba da shi. In tsamin ya tafi, saiwa ta kasa jan sinadarin ƙarfe, sai ka ga sabon ganye yana fitowa rawaya.

Tambaya: Na ji ana cewa sai an ɗebo ƙasar gindin tsohon fayin an haɗa. Camfi ne?

Amsa: Ba camfi ba ne ko kaɗan, kuma a ganina wannan ne abu mafi ban sha'awa a duk lamarin. Saiwar fayin ba ta da yawan gashin da sauran tsirrai ke tsotsar ruwa da shi. Abin da take dogara da shi wata irin funfuna ce mai amfani da ke zaune cikin ƙasa, dangin naman kaza. Funfunar na lulluɓe kan ƙananan saiwoyi kamar safa, sannan ta miƙa zaruruwa sirara fiye da gashi zuwa inda saiwar ba za ta taɓa kaiwa ba. Tana jawo wa itacen ruwa da sinadarin fosfaras, shi kuma yana biyanta da sukarin da ganyensa ya haɗa. Cuɗe-ni-in-cuɗe-ka ne na gaskiya. Masana na kiran wannan zama maikoraiza.

In kana son gani da idonka, zare dashen fayin mai lafiya daga leda, ka karkaɗe ƙasar a hankali. Za ka ga ƙananan saiwoyi gajeru masu kauri, kansu ya rabu biyu kamar baushe, da wani fari-fari kamar auduga a jikinsu. Dashen da ba shi da wannan yakan tsiro lafiya, ya kai tsawon yatsa ko biyu, sai ya tsaya cak, ya yi rawaya, ya yi ta jinya har ya mutu.

Wannan ya wahalar da ma'aikatan gandun daji a ƙasashe da yawa na wurare masu zafi kafin a gano shi. A tsibirin Fotoriko an shekara da shekaru ana shuka fayin yana mutuwa, sai a 1955 aka kawo ƙasa daga gindin fayin na jihar Karolina ta Arewa a Amurka aka zuba wa wasu dashe. Waɗanda suka samu suka miƙe, waɗanda ba su samu ba suka ci gaba da lalacewa. Ƙasar Daura ba ta taɓa ɗaukar fayin ba, saboda haka irin funfunar da yake so ba ta nan tana jiransa. Ɗan abin da ya zo da shi cikin leda kuma, zafi da fari suka gama da shi.

Tambaya: Ruwan sama nawa yake buƙata?

Amsa: Irin da ake shukawa a ƙasar nan na son abin da ya haura milimita 1,000 a shekara. Jos na samun sama da 1,300, ga ta kan tudu mai tsawon kusan mita 1,200, dare da sanyi. Mu nan Katsina da Daura abin da muke samu bai cika wuce 600 zuwa 700 ba, cikin wata huɗu, sannan wata bakwai ko takwas babu ɗigo. Fayin kuma ba ya zubar da ganye ya huta da rani kamar kuka. Hunturu na busawa, shi yana ta fitar da ruwa ta allurarsa.

Tambaya: A wurin reno, me ya fi kashe su?

Amsa: Yawan ruwa, ba ƙarancinsa ba. Akwai cutar da ke kama tsiro a makonninsa na farko: da yamma ka bar su tsaye reras, da safe ka tarar sun kwanta, wuyansu ya ruɓe kamar an murɗe. Wasu funfuna masu cutarwa ne ke yin haka, kuma abin da suke so shi ne ƙasa mai jiƙe kullum, da inuwa mai duhu, da tsiro a cunkushe, da ɗanyen taki. Maganin shi ne a haɗa ƙasar da yashi don ruwa ya riƙa tsiyayewa, a ba da ruwa da safe, a bar iska ta ratsa.

Akwai aiki biyu da masu reno da yawa ke tsallakewa don gajiya, kuma su ne ke raba dashen kirki da na banza. Na farko, ɗaga ledoji lokaci-lokaci a yanke saiwar da ta ɓullo ta ƙasa, don kada ta kama ƙasar wurin a tsinke ta ranar ɗauka. Na biyu, horo. Makonni kaɗan kafin dasawa a janye rumfa sannu-sannu, a rage ruwa, har karan ya yi ƙwari. Dashen da aka shagwaɓa a inuwa, dogo siriri mai kore shar, shi ne mai saye ke zaɓa, kuma shi ne ke fara faɗuwa. Ni gajere mai kaurin wuya nake ɗauka, wanda saiwarsa ta riƙe ƙasar ledar gam.

Tambaya: Yaushe ya kamata a dasa, kuma yaya?

Amsa: Idan damina ta zauna, ƙasa ta jiƙe zurfin kamu guda ko fiye. A wajenmu wannan yakan faɗo cikin Yuli. Abin da ke ci mini rai duk shekara shi ne dashen biki da ake yi a ƙarshen Agusta ko cikin Satumba, bayan marka ta wuce. Dashen na da mako uku ko huɗu kacal ya kafa saiwa kafin ruwa ya ɗauke. Wannan ba na fayin kaɗai ba ne, har bedi da turare haka suke mutuwa.

A dasa da yamma ko ranar hadari. A yanke gindin ledar da wuƙa mai kaifi, wajen faɗin yatsa, don naɗaɗɗiyar saiwar ta tafi tare da shi. A tsaga ledar a cire ta gaba ɗaya. Na sha tono mataccen dashe in tarar da ledarsa a jikinsa. Wuyan ya zauna daidai da fuskar ƙasa, a danne da ƙafa, a yi ɗan kwano a gindi, a rufe da kara ko busasshiyar ciyawa, amma kada ta taɓa jikin karan. Rufin nan shi ne ke hana zoben ƙunar da na nuna maka. A gandu, idan aka ba da tazarar mita 3 kowane gefe, hekta guda na ɗaukar kimanin dashe 1,100.

Tambaya: A sa masa takin zamani?

Amsa: Kaɗan, nesa da kara. Ƙasar yankin ciyayi ta Najeriya tana da ƙarancin fosfaras, shi ne fayin ya fi amsawa. Barbaɗa yuriya a ramin dashe kuwa ƙona saiwa yake yi.

Tambaya: Bayan dasawa fa, wane ne babban abokin gaba?

Amsa: A gandun Kaduna da Jos, ciyawa. Ƙaramin fayin yana son rana tsantsa kuma yana jinkirin tashi a shekarar farko, gamba kuwa cikin wata biyu ta fi mutum tsawo. Ta tare masa haske, ta shanye ruwan sama-sama, sannan da rani ta bushe ta zama makamashi. Wutar daji guda ta isa ta share aikin shekara uku. Shi ya sa noman gandu a shekaru biyu ko uku na farko da share layin tare wuta ba abin da ake yi wa rowa ba ne.

A wajenmu kuwa akuya ce. Kuma a nan fayin yana da rauni na musamman: tsawonsa duk daga toho guda ne na can ƙoli. In aka cinye shi, itacen ya rabu biyu ko ya karkace, katakonsa ya lalace. Yawancin fayin kuma ba sa sake tohowa daga kututture. Bedi ko sabara ka sare su har ƙasa, damina na zuwa su dawo.

A ƙasashen sanyi matsalar ta sha bamban: ƙanƙara na tura ƙaramin dashe sama ta fito da saiwarsa waje, barewa na cin toho, wani ƙwaro kuma na gwaguye ɓawon wuya.

Tambaya: Amma na ga itace mai ganyen allura ya girma a cikin Katsina. Ba fayin ba ne?

Amsa: Mai yiwuwa kasuwarina ka gani, mai shewa idan iska ta kaɗa. Kama kawai suka yi. Ja allurar guda ka gani: za ta cire gaɓa-gaɓa, domin siririn reshe ne, ba ganye ba. Asalinta Ostireliya da kudu maso gabashin Asiya, tana jure rairayi da gishiri, kuma saiwarta na tara sinadarin naitirojin kamar yadda wake ke yi. In siffar kake so a ƙofar makaranta, ita za ka nema, ka ba ta ruwa a ranin farko da na biyu.

Tambaya: To ni yanzu me zan dasa a filin?

Amsa: Abin da ƙasar ta sani, Malam. Shingayen tare iska da aka yi a jihar nan tun aikin dashen da Ƙungiyar Tattalin Arzikin Turai, wadda daga baya ta zama Tarayyar Turai, ta tallafa a ƙarshen shekarun 1980, bedi da turare ne suka riƙe su. Katsina na cikin jihohi 11 na shirin Babbar Koriyar Ganuwa, wato shirin dasa itatuwa don tare kwararowar hamada, kuma itatuwan da suka dace da wannan layin su ne irin su bagaruwa, daƙwara, aduwa, kurna da magarya. Ga gawo, wanda ke zubar da ganye da damina ya bar gero ya sha rana, ya yi kore da rani lokacin da dabba ke neman inuwa.

Kafin ma ka sayi leda ko guda, zaga filin ka duba. Maƙwabtanmu na Maradi tun shekarun 1980 suka rungumi abin da suke kira sassabin zamani: maimakon sare duk tohon da ya fito daga tsohon kututture, sai a zaɓi biyu ko uku masu ƙarfi a bari, a rage sauran. Saiwar na can ƙasa da daɗewa, ta riga ta kai ga laima, ba ta buƙatar tulun kowa. Da muka zaga filin makarantarku na ƙirga kututturen kalgo da sabara da dama a gefen katanga ta gabas, duk suna da rai. Ka ba kowane aji nasa, su kewaye shi da ƙayar magarya kafin a saki dabbobi bayan girbi.