Bora Milutinovic: tambayoyi kan ɗan Sabiyan da ya ja ragamar Super Eagles a Faransa 98

Wane ne Bora, kuma daga ina ya fito?

Sunansa na yanka Velibor Milutinovic, amma duniyar ƙwallo ba ta san shi da wani suna ba sai Bora. An haife shi ranar 7 ga Satumba 1944 a garin Bajina Basta, cikin Sabiya ta yau, lokacin ana tsakiyar Yaƙin Duniya na Biyu kuma ƙasar tana ɓangaren Yugoslabiya. Maraya ya tashi, iyayensa duka sun rasu yana ƙarami, 'yan uwa ne suka riƙe shi da yayyensa. Gidansu gidan ƙwallo ne. Su uku ne maza, Milos da Milorad da shi ƙaraminsu, kuma dukkansu sun sa rigar Partizan ta birnin Belgrade.

Ya yi suna a matsayin ɗan wasa?

Ba sosai ba. A gidansu ma Milos ne tauraro, shi ne ya fi kowa cin ƙwallaye a kakar farko ta Kofin Turai, 1955 zuwa 1956, da ƙwallo 8. Bora ɗan wasan tsakiya ne mai hankali, wanda ya taka leda a Partizan a farkon shekarun 1960, daga nan ya shiga yawon neman abinci: Winterthur a Suwizalan, sai Monaco da Nice da Rouen a gasar Faransa. A 1972 ya tsallaka Meziko ya shiga ƙungiyar Pumas, a can ya rataye takalmansa. Wannan tafiyar ce ta sauya masa rayuwa. Ya yi aure a Meziko, ya iya Sifaniyanci, kuma a 1977 Pumas ta miƙa masa aikin koci. Ya lashe mata gasar ƙasar a kakar 1980 zuwa 1981, lokacin Hugo Sanchez yana matashi a hannunsa kafin ya wuce Sifaniya.

To me ya sa ake yawan ambatonsa idan ana zancen Kofin Duniya?

Saboda shi ne mutum na farko da ya jagoranci ƙasashe biyar daban-daban a gasar, kuma a jere ba tare da fashi ba: Meziko a 1986, Kosta Rika a 1990, Amurka a 1994, Najeriya a 1998, China a 2002. Huɗu daga cikinsu ya fitar da su daga rukuni. Daga baya Carlos Alberto Parreira na Brazil ya kamo shi a yawan ƙasashen, sai dai ban da Brazil, babu wadda Parreira ya tsallakar zuwa zagaye na biyu.

A Meziko ne ya fi yin nisa. Su ne masu masaukin baƙi, suka doke Beljiyam da Iraƙi, suka yi kunnen doki da Paraguwai, suka cire Bulgeriya da ci 2 da nema. A kwata fainal suka riƙe Jamus ta Yamma babu ci har ƙarin lokaci, aka je bugun fenareti Jamus ta yi nasara.

Wanne ne aikinsa da ya fi ban mamaki?

A ganina na Kosta Rika. Ƙasar ba ta taɓa zuwa Kofin Duniya ba, kuma saura 'yan watanni a fara gasar Italiya aka kira shi. Ya zo ya sauya 'yan wasa da dama, har da waɗanda ake ganin ba a taɓa su. Wasan farko suka ci Scotland 1 da nema, Juan Cayasso ne ya zura ƙwallon. Brazil da ƙyar ta sha da 1 da nema, golan Kosta Rika Luis Gabelo Conejo ya yi ta kaɗe ƙwallo. Sai suka farke suka doke Suwidin 2 da 1. Chekoslobakiya ce ta dakatar da su da ci 4 da 1 a zagayen 'yan 16, amma sun riga sun yi abin da babu wanda ya yi tsammani.

Na Amurka ma ba ƙaramin aiki ba ne, domin a lokacin ƙasar ba ta da babbar gasar ƙwararru. Sai ya tara yara, da yawansu daga jami'o'i, ya kafa musu sansani a Mission Viejo ta jihar Kalifoniya, suna atisaye tare tamkar kulob. Ya ci musu kofin Gold Cup, gasar ƙasashen Arewaci da Tsakiyar Amurka, a 1991. A 1994 suka doke Kolombiya 2 da 1, wasan da Andres Escobar na Kolombiya ya ci gida, wanda kuma aka harbe shi a Medellin kwanaki kaɗan bayan ya koma. Brazil ce ta cire Amurka da ci 1 da nema ranar 4 ga Yuli.

Yaya aka yi ya zo Najeriya?

Philippe Troussier ɗan Faransa ne ya samar wa Super Eagles gurbin zuwa Faransa 98, amma aka raba gari da shi kafin gasar. Shi kuma Bora irin wannan ƙaddarar ta faɗa masa a Meziko: ya koma can a 1995, ya ci Gold Cup a 1996, ya samar musu gurbin Faransa 98, sannan aka sallame shi. A ƙarshen 1997 hukumar ƙwallon Najeriya ta ɗauke shi.

Abin da ya tarar ba mai sauƙi ba ne. Najeriya tana ƙarƙashin dakatarwar hukumar ƙwallon Afirka saboda janyewa daga gasar 1996, don haka ba ta buga Kofin Afirka na Burkina Faso ba, babu wasannin gaske da koci zai gwada mutanensa. Wasannin sada zumunta kuwa sun yi muni: Yugoslabiya ta ci 3 da nema, Holan ta lallasa mu 5 da 1. Jaridu suka taso shi a gaba. Ana cikin haka Janar Sani Abacha ya rasu ranar 8 ga Yuni 1998, kwana biyar kafin wasan farko.

Amma ai an ci Sifaniya?

An ci, kuma har yau wanda ya kalli wasan nan na Nantes, 13 ga Yuni, zai iya ba ka labarinsa daki-daki. Fernando Hierro ya fara ci da bugun tazara, Mutiu Adepoju ya farke da ka daga bugun kwana. Ana dawowa daga hutun rabin lokaci Raul ya ƙara. Sai Garba Lawal, ɗan Kaduna, ya kutsa ta hagu ya aika ƙwallo a ƙasa zuwa cikin da'ira, gola Andoni Zubizarreta ya sa hannu ya tura ta cikin ragarsa da kansa. Minti kaɗan bayan haka aka yi jifa mai nisa, mai tsaron bayan Sifaniya ya sa ka ya fitar, ƙwallo ta faɗo gaban Sunday Oliseh a wajen da'ira. Bai tsayar da ita ba, ya ɗirka mata ƙafa, ta shige raga. Najeriya 3, Sifaniya 2.

Victor Ikpeba ya ci Bulgeriya a birnin Paris, Najeriya ta haye tun kafin wasa na uku. A wasan Paraguwai Bora ya hutar da mafi yawan manyan 'yan wasa, aka sha kashi 3 da 1, sakamakon da ya taimaka wajen mayar da Sifaniya gida duk da ta ci Bulgeriya 6 da 1.

Laifin wa ne abin da Denmak ta yi mana?

Wannan ita ce tambayar da ba a gama da ita ba a majalisun ƙwallo. Ranar 28 ga Yuni a filin Stade de France, cikin minti 12 na farko Peter Moller da Brian Laudrup sun riga sun ci biyu. Ebbe Sand ya shigo daga benci, cikin daƙiƙoƙi ya ƙara na uku, Thomas Helveg ya ci na huɗu. Tijjani Babangida, wani ɗan Kadunan, shi ya ci ta share hawaye, aka tashi 4 da 1.

Kowa ya ɗauki rabonsa. Magoya baya da 'yan jarida sun riga sun tsallake Denmak a zuci, hankalinsu yana kan haɗuwa da Brazil a kwata fainal, wadda Najeriya ta cire a wasannin Olimfik na Atlanta shekara biyu kafin nan. An raina kura aka ɗauke ta akuya. Gola Peter Rufai, wanda aka kira a makare, bai kasance a ganiyarsa ba. Amma Bora ma ba zai tsira ba. Ƙwarewarsa ita ce ya ɗauki ƙungiyar da ba ta yarda da kanta ba, ya toshe mata baya, ya sa mata ƙwarin gwiwa. A Najeriya kuwa ya samu su Okocha da Kanu da Finidi da Taribo West, mutanen da ƙwarin gwiwa ya yi musu yawa, abin da suke buƙata shi ne tsari da horo a bayan fili. Wannan kuwa watanni shida ba su ishe shi ya kafa ba. Tawagar da ta fi kowacce baiwa a hannunsa ita ce ta fita da mafi ciwon kashi.

China fa?

A can sunansa Milu, kuma har yau ana ganin girmansa, domin shi kaɗai ne kocin da ya taɓa kai ƙasar Kofin Duniya na maza. Sun samu gurbin ranar 7 ga Oktoba 2001 bayan doke Oman 1 da nema a Shenyang. Dole a faɗi cewa Japan da Koriya ta Kudu ba su shiga wasannin neman gurbi ba saboda su ne masu masaukin baƙi, hanya ta ɗan yi sauƙi. A gasar kuwa babu abin a zo a gani: Kosta Rika, tsohuwar ƙungiyarsa, ta ci 2, Brazil 4, Turkiyya 3, China ba ta zura ko ɗaya ba.

Daga nan ya yi ritaya?

Bai zauna ba. Ya horar da Honduras, ya riƙe kulob ɗin Al Sadd na Ƙatar, ya je Jamaika, sannan a 2009 ya ja Iraƙi zuwa Kofin Zakarun Nahiyoyi a Afirka ta Kudu, inda suka yi canjaras babu ci da masu masaukin baƙi da New Zealand, Sifaniya ta ci su 1 da nema. Bai sake kai wata ƙasa Kofin Duniya ba. 'Yan ƙasarsa ne suka ci gaba da wannan hanya a yankinmu: Ratomir Dujkovic ya kai Ghana zagayen 'yan 16 a 2006, Milovan Rajevac kuma ya kai ta kwata fainal a 2010, inda Uruguwai ta cire ta a bugun fenareti.