Jan Decleir: ɗan wasan Filandas da dandamali ya ƙera kafin talabijin ta san shi

Wane ne Jan Decleir, kuma ina ne Filandas?

Filandas ita ce arewacin Beljiyam, inda mutane fiye da miliyan shida ke magana da Holanci, kudancin ƙasar kuma Faransanci ne ya fi rinjaye. A can aka haifi Decleir a 1946, a garin Niel kusa da Antwerp. Ya koyi wasan kwaikwayo a makarantar Studio Herman Teirlinck da ke Antwerp, kuma da wuya ka tambayi ɗan yankin manyan 'yan wasansu bai ambaci sunansa da wuri ba.

Me ya fara ɗaga sunansa a dandamali?

Wasan Mistero Buffo ne, na marubucin Italiya Dario Fo, wanda aka sa a 1972 da ƙungiyar da aka sani da Internationale Nieuwe Scène. Arturo Corso ya ba da umarni, Wannes Van de Velde ya ɗauki nauyin waƙoƙi. Wasan yana ɗaukar tsoffin labaran addini na Turai ya ba da su ta bakin talaka, yana caccakar masu mulki da masu dukiya. Abin da ya ba shi ƙarfi a Filandas shi ne harshe. An daɗe ana horar da 'yan wasa su yi tsantsar daidaitaccen Holanci, wanda ba shi ake yi a gida ko a kasuwa ba, sai ga wasa yana zuwa da waƙa da lafazi irin na mutanen gari.

Daga baya Decleir ya ci gaba da ayyukan Fo shi kaɗai a kan dandamali. A ganina nan ne asalin gwanintarsa take. Mutum ɗaya, ba kayan ado, ba abokin wasa da zai rufa masa asiri, sai murya da jiki, ya riƙe ɗaki cike da jama'a har ƙarshen labari. Wanda ya iya wannan, kyamara ba za ta firgita shi ba.

Wane wasa ne ake ganin ya fi kowanne nauyi a cikin ayyukansa?

Mutane da yawa za su ce Ten Oorlog na 1997. Tom Lanoye da Luk Perceval suka ɗauki wasannin Shakespeare takwas kan yaƙe-yaƙen sarautar Ingila suka narkar da su wuri guda, aka fara nunawa a birnin Gent. Mai son kallonsa duka sai ya ba da yininsa, domin ya haura awa goma. Decleir ne ya fito a matsayin Richard na Uku a kashi na ƙarshe. Dabarar marubutan ita ce harshen wasan yana lalacewa yayin da sarauta ke ruɓewa: an fara da magana mai tsari da ƙawa, aka ƙare da ashar da gaurayen Turancin titi. Ɗaukar wannan ɓangare na ƙarshe ba tare da ya koma hayaniya kawai ba, aiki ne na wanda ya san abin da yake yi.

To talabijin fa?

A 1976 ya fito a matsayin babban jarumin shirin Sil de Strandjutter a talabijin ɗin Holan. Amma rawar da ta shigar da shi kowane gida a Filandas ita ce ta Sinterklaas, dattijon nan mai farin gemu da yaran Beljiyam ke jiran kyautarsa ranar 6 ga Disamba. Tun farkon shekarun 1990 ya fito a shirin yara Dag Sinterklaas, wanda Hugo Matthysen ya rubuta, Bart Peeters kuma ya gabatar. Ya riƙe rawar fiye da shekara 20 kafin Wim Opbrouck ya gaje shi. Abin da ya burge ni shi ne bai raina aikin don na yara ne ba, ya ba dattijon natsuwa da barkwanci kamar yadda zai yi wa kowace babbar rawa.

Shin darakta ne ko ɗan wasa kawai?

An fi saninsa da wasa. Hannunsa na jagora ya fi fitowa a koyarwa, domin a shekarun 1990 shi ya jagoranci makarantar da ta horar da shi. Wanda ya bar wasa ya rungumi ba da umarni gadan-gadan shi ne Perceval, wanda ya kafa Blauwe Maandag Compagnie tare da Guy Joosten a 1984, daga baya ya yi shekaru yana aiki a Jamus.

Me ya sa 'yan ƙasashen waje suka fi saninsa ta fim?

Saboda wasan dandamali a inda aka yi shi yake ƙarewa, fim kuwa yana tafiya. Daens na 1992, wanda Stijn Coninx ya ba da umarni, ya shiga takarar Oska. A ciki Decleir ya fito a matsayin limamin cocin Katolika Adolf Daens, wanda ya tsaya wa ma'aikatan masaƙun Aalst a ƙarshen ƙarni na 19. Fina-finan Holan biyu da ya fito a ciki, Antonia na 1995 da Karakter na 1997, duka sun lashe Oska ta fim ɗin harshen waje. A 2003 kuma ya yi De zaak Alzheimer na Erik Van Looy, inda ya fito a matsayin ɗan kisan haya da mantuwa ta fara cin ƙwaƙwalwarsa, a lokacin yana ɗan shekara 57.