Fayilolin laburaren zane a manhajojin kwamfuta

Fayilolin laburaren zane wasu fayiloli ne da manhajar kwamfuta ke kira a duk lokacin da za ta fito da wani abu a allo, ko rubutu ne, ko taswirar gini, ko ɗan ƙwallon da ke gudu a cikin wasan kwamfuta. Ba a buɗe su da hannu kamar yadda ake buɗe waƙa ko takarda. A Windows sunansu na ƙarewa da .dll, a Linux da .so, a kwamfutocin Apple kuma da .dylib. Aikinsu dillanci ne: manhaja ta faɗi abin da take so a zana, su kuma su kai saƙon ga katin zane cikin yaren da yake ji. Yawancin mutane ba sa sanin da zamansu sai ranar da ɗaya ya ɓace, manhaja ta ƙi tashi.

Yadda suke aiki

Allo mai girman 1920 da 1080 yana da ɗigo 2,073,600, kuma galibi ana sabunta shi sau 60 a daƙiƙa ɗaya. Furosesa, wato ƙwaƙwalwar kwamfuta, za ta iya lissafa launin kowane ɗigo, amma sai ta jigata. Shi ya sa ake miƙa aikin ga katin zane, wanda aka ƙera domin yin ƙananan lissafi masu ɗimbin yawa a lokaci guda. Matsalar ita ce katin Nvidia daban, na AMD daban, na Intel daban. Da a ce kowane mai rubuta manhaja sai ya koyi yarensu ɗaya bayan ɗaya, da aikin bai ƙare ba.

Don haka aka yi wa abin hawa-hawa. A sama akwai ƙa'idar da kowa ya yarda da ita, irin su OpenGL da Direct3D da Vulkan. Fayil ɗin da ke karɓar kira bisa wannan ƙa'ida shi ne opengl32.dll, ko d3d11.dll, ko vulkan-1.dll. A ƙarƙashinsa akwai direban kati, wato manhajar da kamfanin da ya ƙera katin ya rubuta. A can ne ake ainihin aikin. Misali, opengl32.dll da ke zuwa da Windows, in an bar shi shi kaɗai, bai wuce OpenGL 1.1 ba, sigar da ta fito a 1997. Duk abin da ya haura haka daga direba yake fitowa, kamar fayil ɗin nvoglv64.dll a kwamfuta mai katin Nvidia. Kamar yaron shago ne da ke tsaye a bakin ƙofa: shi ake gani, shi ake yi wa magana, amma kayan na cikin sito.

Abubuwa masu jiki, irin su mota ko fuskar mutum a cikin wasa, da alwatika ake gina su, dubbai a haɗe. Launi da haske da inuwa kuma wasu ƙananan umarnai ne ke lissafa su a cikin katin. Fayil ɗin d3dcompiler_47.dll, wanda ake yawan gani a foldar manhajoji, shi ke juya irin waɗannan umarnai daga rubutun ɗan adam zuwa siffar da direba zai karɓa.

Tarihi

Kamfanin Silicon Graphics na Amurka ne ya fitar da OpenGL a 1992, daga wani laburarensa na cikin gida mai suna IRIS GL. A 2006 kula da shi ya koma hannun ƙungiyar Khronos, sigarsa ta ƙarshe kuma, 4.6, ta fito a 2017. Microsoft ya fito da DirectX, wato tarin laburarensa na zane da sauti, a 1995 don jawo masu rubuta wasanni su bar DOS su koma Windows, sannan Direct3D ya shigo ciki a 1996, bayan kamfanin ya sayi RenderMorphics na Ingila. DirectX 9 ya fito a ƙarshen 2002, ya kuma daɗe fiye da yadda aka zata. Na 11 ya zo a 2009 lokacin Windows 7, na 12 kuma a 2015 tare da Windows 10. Vulkan ya fito a Fabrairun 2016, an gina shi a kan aikin Mantle na AMD. Apple ya kama hanyarsa daban da Metal tun 2014, a 2018 kuma ya sanar cewa ya daina ciyar da OpenGL gaba a na'urorinsa. A ɓangaren Linux akwai Mesa, wanda Brian Paul ya fara rubutawa a 1993, har yanzu kuma shi ne ginshiƙin zane a can ga katunan Intel da AMD.

Waɗanda manhaja ke zuwa da su

Ba duka fayilolin nan ke zaune a foldar Windows ba. Duk wanda ya leƙa foldar Chrome, ko ta manhajojin da aka gina da Electron, wani kayan aikin rubuta manhaja, kamar Visual Studio Code da Discord, zai ci karo da libEGL.dll da libGLESv2.dll. Waɗannan na ANGLE ne, aikin da Google ya sanar a 2010. Dalilin yin sa shi ne direbobin OpenGL a Windows ba su da tabbas, musamman a kwamfutoci masu araha, alhali na Direct3D sun fi samun kulawa. Sai ANGLE ya zama tafinta: manhaja ta yi magana da OpenGL ES, wato ƙaramin reshen OpenGL, shi ya juya ta zuwa Direct3D. A gefensu akan ga vk_swiftshader.dll, wanda ke yin zanen da furosesa idan katin ya gaza ko babu direba. Manhajojin da aka rubuta da Qt, wani kayan aikin rubuta manhaja daban, kan zo da opengl32sw.dll don wannan manufa. Zanen furosesa yana fitar da hoto daidai, sai dai da jan ƙafa, ga zafi, ga cin batir.

Wasu masu kwamfuta kan ga fayil iri ɗaya a foldoji biyar su ɗauka maimaici ne, su goge huɗu don samun wuri. Kuskure ne. Kowace manhaja da sigar da aka gwada ta da ita take zuwa, kuma Windows kan duba foldar manhaja tukuna kafin ya je tasa foldar.

A teburin mai gyara a Legas

A Computer Village da ke Ikeja da kasuwar Alaba da ke Ojo, inda matasan Hausawa daga Agege da Idi-Araba da sauran unguwanni ke koyon gyara ko dillancin kaya, yawancin kwamfutocin da ke yawo na gwanjo ne, waɗanda ake kira tokunbo. Da yawansu sun haura shekara goma. A nan ne fayilolin nan suka fi nuna halinsu.

Abin da aka fi gani shi ne bayan an yi wa laftof fomatin. An sa sabon Windows, allo ya kawo, mai kaya ya biya ya tafi. Washegari sai ya dawo: manhajar zanen da yake aiki da ita ta ce OpenGL ɗinsa ya tsufa. Yaron shago ya ce, "Oga, fayil ɗin ne ya lalace, bari in kwafo daga waccan." Maigidan da ya ga jiya ya ga yau ba zai ma taɓa fayil ɗin ba. Zai buɗe jerin na'urori, in ya ga an rubuta Microsoft Basic Display Adapter a wurin sunan kati, ya san direba ne ba a girka ba. Da an girka shi magana ta ƙare.

Wani lokaci kuma katin ne ya kai iyakarsa. Intel HD Graphics 3000 na 2011, wanda ke cikin laftof ɗin gwanjo da yawa, a Windows bai wuce OpenGL 3.1 ba. Blender kuwa, wata manhajar zana abubuwa masu jiki, tun sigar 2.80 ta 2019 yana neman 3.3, daga sigar 4.0 kuma 4.3. Akwai dabarar jefa opengl32.dll na Mesa a foldar manhajar don furosesa ta ɗauki aikin. Manhajar za ta buɗe, amma juya ƙaramin akwati a allo sai ya zama wahala. Mai gyaran da ya yi wannan bai gaya wa mai kaya ba, gaskiya rufa-rufa ya yi.

Sai d3dx9_43.dll, wanda masu shagon wasanni suka haddace sunansa. Ba ya cikin Windows, ko da sabo ne mai DirectX 12. Yana cikin jerin fayilolin taimako na DirectX 9 masu lamba 24 zuwa 43, kuma na 43 ɗin a Yunin 2010 ya fito. Tsohon wasa lambar da aka rubuta shi da ita yake nema, wata ba ta maye gurbinta. Maganinsa shi ne girka kunshin DirectX End-User Runtime daga Microsoft, wanda ke zuba su duka a inda ya dace. Yawancin tsofaffin wasanni ma da shi suke zuwa a wata folda a gefe, mutane ne ke tsallake shi don sauri.

Saboda tsadar data, an fi son a sauke fayil guda ɗaya daga shafukan da ke raba DLL, ko a kwafa daga filashin abokin sana'a. Haɗarin biyu ne. Na farko rikicin bit 32 da bit 64, wato tsari biyu na gina manhaja, fayil ɗin ɗaya ba ya aiki a madadin na ɗayan. Microsoft ya yi wa foldojin suna mai ruɗarwa: a Windows mai bit 64, System32 ce ke ɗauke da fayilolin bit 64, SysWOW64 kuma na bit 32. Wanda ya bi suna ya jefa fayil a inda ba nasa ba, sai kuskure mai lamba 0xc000007b ya fito, ya fi na farko wuyar ganewa. Na biyu kuma bairos. DLL umarni ne da ke gudana da duk ikon manhajar da ta kira shi, kuma tunda foldar manhaja ake fara dubawa, masu kutse kan sa wa mugun fayil sunan na gaske su ajiye shi a can. Laftof ɗin da ake shiga asusun banki da shi bai kamata a yi masa wannan gangancin ba.

Kayan binciken duk suna cikin Windows. Umarnin dxdiag na nuna sunan kati da sigar direba da matakin Direct3D da katin ke iyawa. Umarnin sfc /scannow na duba fayilolin Windows ɗin kansa ya maido da waɗanda suka lalace, amma ba ruwansa da direban kati ko jerin d3dx9. Idan kuma libGLESv2.dll ne ya ɓace daga foldar wata manhaja, ita manhajar ake cirewa a sake girkawa, bayan an duba ko manhajar tsaro ce ta killace fayil ɗin.