Taliya da kayan lambu da cuku

Taliya da kayan lambu da cuku abinci ne na gishiri da ake ajewa a gefen nama ko kifi, kamar gasasshen zabo ko kifin kogi. Ba a yi mata miya daban, ana dafa taliyar ne ko makaroni, wanda a Yamai da Tawa aka fi ce ma maka, sai a juye ta cikin soyayyen kayan lambu a kawo cuku daga ƙarshe.

Asali

Irin wannan haɗi daga Italiya ya fito. A tsibirin Sisili akwai wadda suke yi da soyayyen gauta irin dogon nan baƙi da tumati da busasshen cuku mai gishiri, a Amurka kuma cikin shekarun 1970 wata mai suna primavera ta yi suna a birnin New York, ita da ɗanyun kayan lambu masu kore ake yinta. Busasshiyar taliya ta gari da tsakin alkama mai tauri ake yinta, har ma Italiya ta kafa doka a 1967 wadda ta tilasta ma masana'antunta aiki da ita, shi ya sa ba ta saurin caɓewa. A kasuwannin Nijar ana samun wadda ke shigowa daga Aljeriya ta hanyar Agadas, da ta Nijeriya da ta Turkiyya.

Kayan lambu

Albasa ce kan gaba, kuma nan dai ba mu da abin nema waje tunda albasar Galmi ta jihar Tawa ta shahara a duk Afirka ta yamma. Sai karoti, tattasai, shu (wato kabeji), ɗanyen wake, tumati da tafarnuwa. Lokacin sanyi daga Nuwamba zuwa Fabrairu suka fi araha, lokacin da garake ke cika.

Cuku

Nan ne maganar take, don cukun da aka zaɓa shi ke faɗin yadda za a ƙarasa girkin. Na Turai kamar parmesan, wanda sai ya yi aƙalla wata 12 a ajiye kafin a saida shi, gurza shi ake yi kuma zafin taliyar kawai ya isa ya narkar da shi, sai dai tsada gare shi kuma sai manyan kantuna. Mai laushi na cikin takardar azurfa irin La Vache qui rit, wanda aka fara yi a Faransa a 1921, kusan kowane bitik na unguwa akwai shi, in aka dama ƙwaya uku ko huɗu da ludayi guda na ruwan dahuwar taliya sai ya zama romo mai kauri ya kama ko'ina.

Cukunmu na gida daban yake. Matan Buzaye da Fulani na wajen Abalak da Cintabaraden ke yinsa da madarar shanu ko ta awaki, su daskarar da ita, su shimfiɗa bisa ƴar tabarmar kara su shanya har ya bushe ya zama falle siriri da zanen karan a jikinsa. An saba cinsa da shayi ko a daka shi cikin fura. Shi ba ya narkewa kamar na Turai, in aka jefa shi a tukunya tun da wuri tauri yake ƙarawa ya riƙa jan haƙori. Abin da ya dace a ɗan gasa shi sama-sama bisa garwashi, a daka a turmi ya yi gari-gari, a barbaɗa bayan an sauke. Ni a ganina ya fi na kanti daɗi a wannan girki, ƙamshin nonon nan nasa da albasar da ta soyu suna tafiya sosai.

Yadda ake dafawa

Ƙa'idar da aka sani ita ce litar ruwa 1 da gishiri garam 10 ga kowane garam 100 na taliya, kuma sai ruwan ya tafasa sosai ake zubawa. Yawanci minti 8 zuwa 11 ne, an rubuta a jikin leda, amma gara a tsame da saura minti guda tana da ɗan ƙarfi a tsakiya don za ta ƙarasa cikin kayan lambun. Kar a wanke ta da ruwan sanyi kamar yadda da yawa suka saba, sitacin da ke jikinta shi ke riƙe cukun, kuma a ɗebi kofi guda na ruwan kafin a tsiyaye.

A wani kaskon a soya albasa da mai kaɗan har ta yi laushi, a sa karoti da ɗanyen wake tunda su suka fi jinkirin nuna, bayan ƴan mintoci tattasai da shu da tafarnuwa, tumati a ƙarshe don kar ya zama miya. A juye taliyar, a ƙara ruwan nan kaɗan-kaɗan ana juyawa, a kashe wuta sannan cuku. Magi da gishiri a yi hankali da su in cukun kanti ne, da gishirinsa yake zuwa. Da zafinta ake ci, in ta kwana kuma ba firigo kar a ci, abin da ke da madara ba ya jure zafin Afrilu.