Hatimin Lokaci a Labaran Almara

Hatimin lokaci alama ce ta ƙirƙira wadda marubutan almara suke sanyawa a cikin duniyoyin da suka ƙaga, a matsayin abin da yake riƙe da tafiyar zamani domin kada jiya da yau da gobe su cakuɗe. Babu shi a zahiri, kuma ba shi da siffa ɗaya da kowa ya amince da ita, domin kowane marubuci yana zana nasa gwargwadon buƙatar labarinsa. Aikinsa ne bai cika sauyawa ba: muddin alamar tana nan daram, rana za ta fito ta faɗi a kan ƙa'ida, damina ta biyo bayan bazara, yaro ya girma ya tsufa. Idan kuwa ta tsage ko aka kankare wani sashe nata, sai a wayi gari mutanen birni suna maimaita yini guda, ko jariri ya yi furfura kafin ranar suna.

Siffa da tushe

Yawancin siffofin da ake ba alamar aro ne daga tsofaffin alamomi na gaske. Akwai da'irar maciji mai haɗiye wutsiyarsa, wadda aka samu zanenta a kabarin Fir'auna Tutankamun da aka gano a Masar a 1922. Akwai kuma alamar rashin iyaka mai kama da takwas a kwance, wadda masanin lissafi John Wallis na Ingila ya shigar da ita cikin lissafi a 1655. Dukkansu layi ne da ba a ganin farkonsa balle ƙarshensa. Mutumin Kano ba ya buƙatar tafiya nesa kafin ya ga irin wannan, domin dagin da ake yi a bangon gidajen cikin birni da kuma aikin babbar riga zare ne da yake shiga yana fita har ya koma inda ya taso.

Tushen da ya fi kusa da mai karatu Bahaushe shi ne hatimin malaman zaure, wato murabba'in da ake raba shi gida-gida a zuba lambobi ko haruffa. Mafi ƙanƙanta yana da gida 9. A layin sama akwai 4 da 9 da 2, a tsakiya 3 da 5 da 7, a ƙasa 8 da 1 da 6, kuma ta duk inda aka haɗa, a tsaye ko a kwance ko a karkace, jimillar 15 ce. Idan aka musanya wurin 1 da 9 kaɗai, layin sama zai koma 7, na ƙasa ya koma 23, alhali ba a cire lamba ko ɗaya ba. Wannan ne ya sa hatimi ya dace da labarin lokaci fiye da sauran alamomi: ƙarfinsa yana cikin daidaito, ɓarnarsa kuma ba ta wuce gusar da gida ɗaya ba. Ilimin ba baƙo ba ne a ƙasar Hausa. Malam Muhammadu al-Kashinawi, mutumin Katsina wanda ya rasu a Alƙahira a 1741, ya rubuta littafi da Larabci a kan hanyoyin gina irin waɗannan murabba'ai a 1732.

Aikinsa a cikin labari

Galibi akan ɓoye hatimin a wuri mai wuyar zuwa, kamar ƙarƙashin fada ko kogon dutse, a ɗora tsaronsa a kan wata zuriya ko wani aljani. Mugun sarki ko matsafi yana nemansa domin ya tsayar da tsufansa ko ya koma baya ya gyara yaƙin da aka ci shi, jarumi kuma yana ƙoƙarin mayar da shi yadda yake. Labarin yakan yi armashi idan alamar tana da doka da farashi, misali duk wanda ya taɓa ta ya rasa shekarun da ya so ya ƙara. Inda marubuci ya bar ta ba ƙa'ida, sai ta zama ƙofar gudu da yake buɗewa duk lokacin da labari ya cije masa, kuma masu karatu ba sa daɗewa kafin su gane.

Karɓuwarsa a Kano

A birnin da mai karatu ya taso da Alƙur'ani, maganar sarrafa lokaci tana buƙatar taka tsantsan. Kowa ya san ƙissar Ashabul Kahfi da suka yi barcin shekara 309, da ta mutumin da Allah ya matar da shi shekara 100 sannan ya tashe shi, kamar yadda ya zo a Suratul Baƙara, kuma a duka biyun ikon na Allah ne shi kaɗai. Saboda haka marubucin da yake rubuta wa Kanawa, ko a takarda ko a WhatsApp, yakan kai labarinsa wani zamani na jahiliyya, ya bar hatimin a hannun matsafa da aljanu, jaruminsa kuma ya yi galaba da addu'a da kaifin takobi.